Sau Uku Aka Kira Baba

Laraba, 4 ga Maris

Gwaggo,

Ina gaishe ki gaisuwa mai yawa, da fatan ƙafar nan taki ta daina kumbura. Mu nan lafiya lau, sai Umma da ta yi mura kwana huɗu, yanzu ta warke har ta koma kan keken ɗinkinta. Ki yi haƙuri da rubutuna, ban taɓa rubuta wa babba wasiƙa ba. Umma ce ta sa ni, ta ce tunda kin yi shekara da shekaru kina buga takardu a ofishin lauya, kin san abin da ba mu sani ba.

Gwaggo, an kai Baba ƙara kotu. Mai Gilashi ne, maƙwabcinmu na hagu, wanda ya sayi gidan tsohuwar nan mai kaji bara. Kin tuna lungun da ke tsakanin gidanmu da nasu, inda ƙofar shagon ɗinkin Umma take? Ya ce lungun nasa ne duka, yana cikin abin da ya saya. Yana so kotu ta sa a toshe ƙofar, ya ja katanga ya riƙa ajiye gilasansa. In aka toshe ta, masu kawo ɗinki ba su da hanya sai ta tsakar gida, ta gaban banɗaki, kuma kin san ba za su zo ba. Umma ta ce shagon ya mutu ke nan.

Masinjan kotu ya zo ranar Litinin da yamma. Baba ya dawo daga gidan yankan katako ko wanka bai yi ba, garin katako duk a girarsa. Hannu da hannu aka ba shi sammacin, ya sa hannu. Mutumin ya yi ta bayani, Baba yana cewa, "To, to, madalla." Da ya tafi na karanta musu. An ce Baba ya je ranar 16 ga wata, ƙarfe tara na safe.

Umma ta ce in tambaye ki abu biyu. Na farko, me ake yi a ranar? Na biyu, wai takardar gidan nan ta asali, mai zanen fili, tana wurinki tun rasuwar Kaka. Ta ce a jikinta an nuna lungun na gida biyu ne. Ko za ki aiko mana da ita?

Akwai wani abu kuma, wannan ba Umma ce ta ce in rubuta ba. Jiya na leƙa ta tagar shago na ga Baba da Mai Gilashi tsaye a bakin lungu. Mai Gilashi yana magana yana nuna ƙofarmu da mukullin mota, Baba yana gyaɗa kai yana murmushi, har suka yi musabaha. Ban gane ba. Mutumin da ya kai ka ƙara? Na so in tambayi Baba, kunya ta hana ni.

Takwararki.

*

Talata, 10 ga Maris

Takwara,

Na samu wasiƙarki, rubutunki ya fi na rabin masu kawo mini takardu kyau. Ƙafa da sauƙi, sai dai matakalar ofishin nan da ta rantse sai ta ga bayana. Ki gaida uwarki, ki ce ta rage zama gaban fanka.

Ga abin da ake yi. Ranar da aka sa, ubanki ya je ya bayyana, ko da ba shi da lauya, ko da ba shi da abin faɗa sai "ban yarda ba." In aka kira ƙara wanda ake ƙara bai zo ba, abin da alƙali zai fara dubawa shi ne ko an ba shi sammaci. Masinja ya riga ya rubuta ya rantse cewa ya ba shi, ga sa hannunsa. Daga nan wani alƙalin zai ɗage zama sau ɗaya, a sake aika sanarwa. In ya sake ƙin zuwa, sai a ce wa mai ƙara ya kawo shaidunsa shi kaɗai, ba mai yi masa tambaya, ba mai cewa ƙarya ne. Sai a yanke hukunci a bayan idon mutum, kuma ƙarfinsa ɗaya da wanda aka yanke yana tsaye a wurin. Na buga irin wannan hukuncin ya fi ɗari. Mutane suna zaton in sun zauna a gida shari'a za ta jira su. Ba ta jiran kowa.

Yanzu ki faɗa mini gaskiya. Wa ya ce ki nemi takardar gida? Uwarki, ko ubanki ne ya sa ta ta sa ki? Gidan nan na mu biyu ne, ni da shi, kuma takardar nan ce kaɗai ta hana kowa taɓa shi ba da sanina ba. Kin ce yana gyaɗa wa mutumin kai har da musabaha. Na karanta layin nan sau huɗu. Na sha ganin yadda ake yi: mutum ya sayar da abu a ɓoye, sai su shirya da mai saye ya kai shi ƙara, shi kuma ya ƙi zuwa, kotu ta ba mai saye, sai ya dawo gida ya ce wa 'yan'uwa ƙwacewa aka yi. Ban ce ƙanena ya yi haka ba. Ban kuma ce bai yi ba.

Takarda tana nan inda take. Ki sa ido, ki rubuto mini abin da kika gani, ba abin da aka ce ki rubuta ba.

Gwaggonki.

*

Laraba, 1 ga Afrilu

Gwaggo,

Barka da aiki, Allah ya ƙara wa ƙafa sauƙi. Muna lafiya, sai dai gidan ba daɗi. Wasiƙarki ba ta iso ba sai 18 ga wata, bayan ranar kotu da kwana biyu. Na karanta wa Umma rabin farko. Rabin na biyu na ninke na sa a ƙarƙashin akwatin zare. Wallahi Gwaggo, Umma ce ta ce in nemi takardar, Baba bai ma san na rubuto ba.

Baba ya tafi kotu ranar 16. Ya sa farar rigarsa, ya fita tun bakwai saura. Bai dawo ba sai bayan ƙarfe uku. Umma ta ce, "Yaya aka yi?" Ya ce, "Ba a kira mu ba." Muka yi murna, mun zaci an ɗage ne.

Bayan kwana huɗu masinjan ya dawo da wata takarda. A jikinta an rubuta cewa wanda ake ƙara bai halarta ba, an ɗage zuwa 30 ga wata. Da na karanta, Umma ta ajiye almakashi ta ce, "Sake karantawa." Na sake. Ta jira Baba ya shigo ta miƙa masa. Ya duba ya ce, "Kuskurensu ne. Ina can tun safe." Ta ce, "Kana ina?" Ya wuce ɗaki kamar ba da shi take ba. Ta bi shi tana cewa, "Malam, da kai fa nake!" Ko waiwayowa bai yi ba.

Shekaranjiya ya sake sa rigar ya fita, ya sake dawowa da yamma ya ce ba a kira su ba. Ya ce har ya je wata taga ya nuna takardarsa, akawun ya yi masa magana, ba wata matsala. Amma matar Mai Gilashi ta gaya wa wata mai kawo ɗinki cewa mijinta ya gama ba da shaida, saura hukunci ranar 20 ga wannan watan.

Umma ta zazzage aljihun rigar Baba a gabana. Ba komai sai tikitin bas guda biyu da sammacin, ya yi laushi saboda riƙo. Ta sansana wuyan rigar, ta ga ina kallonta, ta ce, "Me kike kallo? Je ki ɗora ruwa." Ita tana zaton wata mace ce. Ke kina zaton ciniki ne. Ni ban san abin da nake zato ba. Tikitin na layin da ke bi ta kotu ne, na duba. Amma layin yana bi ta wurare da yawa.

Jiya da safe wata mota ta sauke bulo a bakin lungu, ɗari da wani abu. Mai Gilashi ya tsaya yana lissafa su da ƙarfi don mu ji. Ya hango ni ya ce, "'Yar tela, ki gaida babanki, mutumin kirki ne, ba ya son rigima."

Don Allah ki ba ni amsa da wuri.

Takwararki.

*

Laraba, 8 ga Afrilu

Takwara,

Lafiya lau nake, ba ni da lokacin doguwar gaisuwa, ki yafe ni.

"Ba ya son rigima." Kin ji ko? Mutum ba ya sayen bulo sai ya san abin da za a yanke. Kotu ba ta kuskuren rubuta mutum bai zo ba har sau biyu. Akwai mai kiran suna, yakan fito bakin ƙofa ya kira sau uku da muryar da za ta tashi matacce. Wanda bai amsa ba, ba ya nan.

Ranar 20 ita ce ta ƙarshe. In ya bayyana kafin alƙali ya fara karanta hukunci, ya ce yana da kariya, akwai yiwuwar a saurare shi. In aka karanta, magana ta zama wata.

Ki bi shi. Kada ki gaya wa uwarki, za ta ɗaga murya tun daga ƙofar gida. Ki bar shi ya hau bas, ki hau na bayansa. Ina so in san inda yake sauka, da wanda yake zama da shi. Na san ki da noƙe-noƙe, amma kallo ba ya buƙatar baki.

Gwaggonki.

*

Talata, 21 ga Afrilu

Gwaggo,

Ina gaishe ki. Jikinmu lafiya. Ban san ta inda zan fara ba.

An yanke hukunci jiya. An ba Mai Gilashi lungun, an ba mu kwana talatin mu toshe ƙofar, in ba haka ba ma'aikatan kotu su zo su toshe. Kuma Baba yana wurin. Ni ma ina wurin.

Na bi shi kamar yadda kika ce. Na ce wa Umma zan je sayen maɓalli. A ƙofar kotu ya sauka, Gwaggo, ba wani wuri ba. Akwai doguwar baranda da benci-benci a jikin bango, da ƙofofi uku. Ya wuce can ƙarshe kusa da famfo ya zauna, ya ɗora sammacin a gwiwarsa. Ni na laɓe bayan ginshiƙi, kusa da wata mata mai sayar da biro da ambulan.

Wajen tara saura, Mai Gilashi ya iso da lauyansa mai baƙar kwat. Na ce a raina, yanzu zan ga cinikin. Ya je har wurin Baba ya ba shi hannu. Baba ya yunƙura zai tashi, sai Mai Gilashi ya dafa kafaɗarsa, ya yi masa alama da tafin hannu ƙasa-ƙasa, irin ta "zauna, jira tukuna." Baba ya ce, "To, to," ya koma ya zauna. Su kuma suka shige ƙofar farko.

Can sai wani mai kaki ya fito ya kira sunan Baba, cikakke har da na Kaka. Yadda kika faɗa, muryar har cikin cikina na ji ta. Mutanen da ke kan benci suka riƙa waige-waige. Baba yana cire wani abu daga farcensa. Aka sake kira. Ya ɗaga kai ya kalli agogon bango, ya mayar da kai. Aka kira na uku.

Gwaggo, taku goma sha biyu ne tsakanina da shi, na ƙirga daga baya. Da na ruga na ja hannunsa, da ya shiga. Amma barandar cike take da manya, ga 'yan sanda, ga lauyoyi, kuma in na fito zai san na biyo shi a ɓoye. Kuma har lokacin maganarki tana kaina, ina cewa ko da gangan yake yi. Ƙafata ta ƙi ɗaguwa. Mai kakin ya koma ciki.

Na lallaɓa jikin tagar ɗakin. Na ji lauyan yana cewa, "Ya mai shari'a, yau ma wanda ake ƙara bai ga damar zuwa ba." Mai Gilashi yana zaune a bayansa, bai ce uffan ba. Alƙalin ya yi karatu, bai fi minti goma ba.

Da suka fito suka bi ta ɗaya ƙofar, na je na tsaya a bayan Baba, dab da kunnensa. Na ce, "Baba." Shiru. Na ƙara murya na ce, "Baba!" har mai ambulan ta juyo. Shi bai juyo ba. Sai da na taɓa shi ya zabura.

Ya ce, "Ke! Me ya kawo ki nan? Uwarki lafiya?"

Na ce an kira shi. Ya zuba wa bakina ido ya ce, "Ba a kira ni ba tukuna. Shi suka fara ji, in sun gama da shi sai ni. Ɗai-ɗai ake shiga, kamar wurin likita. Ki koma gida."

Baba ba ya ji, Gwaggo. Ban san tun yaushe ba. Yanzu duk abin yana dawo mini: rediyon da yake ƙure wa murya, yadda ba ya amsawa sai yana kallon fuskar mutum, da "to, to, madalla" ɗin da yake ce wa kowa. Umma ta yi shekara biyu tana cewa wulaƙanci ya koya. Sau uku yana zama a bencin nan daga safe har a rufe ƙofa, yana jiran wani ya zo ya yafuto shi da hannu.

Bai sayar da komai ba. Ba shi da wata mace. Ni ce na tsaya kallo. Ban iya gaya masa an gama ba, mun hau bas ɗaya yana ta yi mini faɗan yawo.

Akwai abin da ya rage, ko shi ke nan?

Takwararki.

*

Asabar, 25 ga Afrilu

Takwara, 'yata,

Ba ta gidan waya na aiko wannan ba, direban motar safe na ba, don ta isa hannunki yau. Ƙafata lafiya. Abin da ke damuna ba a ƙafa yake ba.

Ki daina cewa ke ce. Ni na zuba miki zargin da ya riƙe ƙafarki. Ni na goya yaron nan, na san ko yana ƙarami in ya ji ciwo ɓoyewa yake yi, amma na zauna a nan ina lissafa masa ciniki. Shekara ashirin da biyu a gaban zarton inji, ban taɓa tambayar kaina me ƙarar nan take yi masa ba.

Ba shi ke nan ba. Na nuna wa lauyan da nake wa aiki wasiƙarki. Hukuncin da aka yi a bayan idon mutum, kotun da ta yi shi tana iya jingine shi a sake shari'a daga farko. Amma ba don tausayi ba. Abu uku alƙali zai duba. Na ɗaya, ko an zo da wuri. Kowace rana da kuka ƙara, ku take ci. Na biyu, dalili na gaskiya da ya hana mutum amsawa, a rubuce, bisa rantsuwa. Na uku, ko yana da kariyar da ta cancanci a saurara.

Na ukun yana cikin wannan ambulan: takardar gida. Na duba zanen da tabarau biyu, lungun na gida biyu ne, uwarki ta yi gaskiya. Ki ce mata na ce ta yafe ni. Na buga muku takardar roƙon a jingine hukuncin, da ta roƙon a dakatar da toshe ƙofar kafin a saurare ku, da takardun rantsuwa biyu. Ɗaya ta ubanki, sai ya haɗa da takardar likitan kunne. Ɗaya taki, abin da kika gani ne kawai, da kalmominki na buga. Ku kai wa rajistara, a buga hatimi a kan kwafinku a gabanku. Takardar gida kwafi za ku bayar, ta asali kada ta bar hannun uwarki.

Wataƙila alƙali ya so jin bakinki. Ki fara shiri.

Mai Gilashin nan kuwa, ban san ko ya gane ubanki ba ya ji ba, ko dai ya ga banza ce ta faɗi. Ko wanne ne, kada ku karɓi komai daga hannunsa, kada ku sa hannu a komai, kuma ki hana ubanki gyaɗa masa kai ko da gaisuwa ce.

Gwaggonki.

*

Alhamis, 30 ga Afrilu

Gwaggo,

Saƙo ya iso lafiya, mun gode. Umma ta ce ba komai, ta ce ita ma wace ce da za ta ƙi yafewa, ita da ta sansana riga.

Na gaya wa Umma maganar kunnen Baba tun ranar da muka dawo daga kotu. Ba ta yarda ba sai da ta tsaya a bayansa ta kira shi da sunan da ba ta taɓa faɗa a gabanmu ba. Ya ci gaba da shan shayinsa. Ta shiga shago ta rufe ƙofa, na daɗe ban ji ƙarar keke ba.

Shi kuwa a bayan littafin awo na rubuta masa komai da manyan baƙaƙe. Ya karanta a hankali, ya ce, "Kunnena lafiya lau!" da ƙarfin da na tabbata har gidan Mai Gilashi an ji. Da na nuna masa wurin takardar likita, sai ya sauke murya. Ya ce a wurin aikinsu, mai riƙe babban zarto dole ya ji ihun abokin aikinsa in katako ya sarƙe. In manaja ya san ba ya ji, ranar zai sauke shi. Ya ce ya koyi gane inji ta rawar da yake yi a tafin ƙafarsa, bai taɓa ji wa kowa ciwo ba. Ya ce, "A toshe ƙofar. Zan fasa mata wata." Umma ta ce, "Ta ina? Ta rufi?" Bai ji ba.

Kwana uku muna haka. Ranar Talata Mai Gilashi ya aiko a ce wai ba sai mun wahalar da kanmu da komawa kotu ba, zai ba da leburorinsa su toshe mana kyauta. Yaya aka yi ya san muna shirin komawa? Tun daga ranar Umma ta daina magana in akwai mai kawo ɗinki a shago.

Jiya na karɓo kwafin hukuncin. Baba ya ce in nuna masa inda aka yi maganarsa. Na ɗora yatsa a layin: wanda ake ƙara ya ƙi halarta har sau uku duk da an ba shi sammaci hannu da hannu. Ya tsaya a kan "ya ƙi." Ya ce, "Ni na ƙi? Ni da ban taɓa fashin aiki ba ko ranar da aka haife ki? Ni da nake riga mai shara zuwa?" Sai na rubuta masa abin da lauyan ya faɗa a ciki, da cewa Mai Gilashi yana zaune bai ce komai ba. Ya karanta. Ya ɗaga hannunsa ya yi alamar nan ta "zauna," yana kallon hannun.

Yau da safe ya sa farar rigar ya ce in raka shi asibiti. Gobe hutun ma'aikata ne, ranar Litinin za mu kai takardu.

Takwararki.

*

Laraba, 13 ga Mayu

Gwaggo,

Ina fatan kina lafiya, ke da matakalarki. Mu lafiya lau. Ƙofar tana nan a buɗe.

Jiya aka saurare mu. A ciki muka zauna, layin gaba, ni a gefen Baba. Da aka kira sunansa na taɓa gwiwarsa. Ya miƙe ya ce, "Ga ni!" har alƙalin ya ɗago daga rubutu, mutane suka yi dariya. Baba bai san me ake wa dariya ba.

Lauyan Mai Gilashi ya ce an ba da sammaci daidai, an ɗage zama, an sake sanarwa, kotu ba ta rage komai ba. Ya ce rashin ji dabara ce, kuma yarinya ƙarama abin da aka koya mata za ta faɗa. Alƙalin ya duba takardar likita ya daɗe, sannan ya ce, "Ina yarinyar?"

Na tashi. Na fara magana, ya ce, "Ɗaga murya, 'yata, ni ma na fara bin sahun babanki." Na kalli bango, ban kalli kowa ba, na faɗi komai: famfo, agogo, kira uku, taku goma sha biyu. Lauyan ya ce, "In gaskiya ne, me ya hana ki kira shi?" Na ce, "Kunya na ji, da tsoro." Ya ce, "Yau ina kunyar?" Na ce, "Tana nan." Sai na nuna musu yadda aka yi wa Baba da hannu.

Alƙalin ya juya wurin Mai Gilashi ya ce, "Ka gan shi a waje ranar?" Ya ce, "Na ga wani mai kama da shi." Alƙalin ya ce, "Ka saba dafa kafaɗar masu kama da maƙwabtanka?" Mai kakin da ke kiran suna ma aka tambaye shi, ya ce ya tuna wani mai farar riga da yake zama kusa da famfo har a tashi, ya zaci jiran wani yake yi.

An jingine hukuncin. Amma alƙalin ya ce in rubuta wa Baba wannan ya karanta a wurin: kotu ba ta yi kuskure ba, wanda aka ba sammaci ciki yake shiga ya zauna, in yana da lalura ya faɗa tun ranar farko. Baba ya karanta ya ce, "Na ji." Aka sake dariya. Za a fara shari'ar daga farko ranar 2 ga Yuni, kuma an ce a kwashe bulon nan kafin lokacin. Ba mu ci ba tukuna, na sani. Umma ta ɗinke takardar gida a cikin matashin kujerar kekenta, a kai take zama.

Aikin kuwa ya tafi. Baba da kansa ya kai wa manaja takardar likita tun makon jiya, ya ce gara ya ji daga bakinsa. An sauke shi daga zarto, an mai da shi fili yana ware katako mai kyau da mai tsaga. Tun ranar bai yi mini magana ba sai abin da ya zama dole. Ko a bas jiya tagar ya yi ta kallo. Na ɗauka ba zai yafe mini ba.

Ɗazu da la'asar ina share shago, Umma tana tsaye a kansa tana ta faɗa, wai shekara biyu ya bar ta tana magana da bango. Sai ya ciro sabon littafin rubutu da biro daga aljihu, ya ajiye a kan teburin yanka, ya turo mini.

Ya ce, "Zo nan, lauya. Tun ɗazu bakin uwarki ke motsi. Rubuta mini me take cewa."

Na kalli Umma. Ta ce, "Rubuta. Kada ki rage ko ɗaya."

Mun ci shafi huɗu.

Takwararki.